Faifan Su Dogo na Uku Ya Fito

Zuwa ga Yayata,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidan. Mu nan sai godiya, ƙafar Baba ma ta yi sauƙi har yana fita ƙofar gida.

Yaya, murna ta hana ni zama, faifan su Dogo na uku ya fito! Na san ranki bai so ba tun da ɗan naki ya haɗa kai da abokansa uku suna waƙa a bayan shagon ɗinkina. Ni ma kunya ta ishe ni a faifan farko: kiɗa kamar ana rushe gini, kowane baiti masoyiyata, alhali ko gashin baki ba su da shi. A na biyu suka kwaikwayi mawaƙan waje, na'ura ta murɗe musu murya, ko ƙuda bai bi ta kansa ba. Mai jitarsu har ya yi zuciya ya koma gyaran waya.

To, sannu ba ta hana zuwa. Mai jitar ya dawo, suka rage hayaniya, jita ɗaya da tafi, sai muryoyinsu na ainihi suna bin juna. Yanzu rayuwarsu suke rerawa: yawon neman aiki, da abokinsu da ya rasu. Jiya aka sa su a rediyo ina tsakar ɗinki, sai da na ɗauke ƙafa daga kan keke. Wata mai jiran kayanta ta tambaye ni su waye, na ce nawa ne, har da buga ƙirji.

Dogo ya gaya mini kin ce ko ya taho ya kama aikin da kika samo masa, ko ki cire hannunki a kansa. Ya ce ba zai saɓa miki ba, jakarsa ma a ɗaure take. Amma wata mai zuwa za su yi wasa a babban zauren taro na garin nan. Ga faifan nan na haɗo miki. Waƙar ƙarshe ta yaron da ke kewar uwarsa ce, ki saurare ta ke kaɗai kafin ki yanke hukunci.

Baba da Goggo da Auta suna gaishe ki. Dogo na gefena, wai zare yake nema, ido kuwa yana kan takardar.

Taki har kullum,
Ƙanwarki