Kwana Goma Sha Tara

Litinin, 7 Oktoba 2024
Takardar banki ta zo. Wai na karya sharaɗi, in biya duk abin da suka ba ni ko su saida gidan. Shekara uku ke nan da muka yi kontara: su ba ni jika arba'in ta sefa duk wata, in zauna cikin gidana har in mutu, sannan su ɗauka. Ba mu da ɗa, maganin matata Badariyya kuma ya fi ƙarfin fanshona. To ga ni ban mutu ba. Ita ce ta tafi.

Alhamis, 10 Oktoba
Na ɗauko kontarar. Sharaɗi na tara: kada mai gida ya bar gidan fiye da kwana ɗari da ashirin a jere. Har layi na ja ƙarƙashinsa da jan biro, ni Falalu, shekara talatin da huɗu ina koyar da Faransanci a lakwal, makarantar boko. Kaico!
Na ƙirga a kalanda. Da jiki ya yi tsanani ta ce, "Malam, kai ni Dungu, wurin 'yan'uwana." Na kai ta. A rana ta casa'in da tara ta cika. Da na taso bayan sadakar bakwai, da babu mai ce mini uffan. Na tsaya har arba'in. Kwana goma sha tara na ƙara.

Asabar, 19 Oktoba
Na share ɗakinta, na ba lemun da ta dasa ruwa. Ban iya cin komai ba.

Laraba, 23 Oktoba
Damagaram, wurin lauya Yasin. Tsohon ɗalibina ne, har yau Mushe yake ce mini kamar a aji, ba ya yarda ya zauna kafin in zauna. Ya ce, "Mushe, hanya ɗaya ce. Ku ce ba a fayyace muku sharaɗin ba, idonku kuma ba ya gani sosai." Na ce wa ya koya maka karatu? Ya sunkuyar da kai. "Gidan fa, Mushe." Na san gidan! Ni da ita muka ɗebi ƙasarsa, tana ɗauko ruwa a ka tana yi mini tsiya wai katangata ta karkace. Ta karkace ɗin kuwa.

Talata, 5 Nuwamba
Kotu. Lauyan banki yaro ne mai ladabi, abin da ya fi ba ni haushi ke nan. Ya kawo takarda: sau huɗu ma'aikacinsu ya zo ya tarar da kwaɗo a ƙofa. Maƙwabcina Alhaji Isufu ya sa hannu, shi a zatonsa lissafin masu zuwa gaisuwa ake. Yana ta kuka a bayana.
Alƙali ya ce, "Baba, kun san da wannan sharaɗi?" Yasin na ta kallona. Na ce na sani.
"To me ya hana ku dawowa, ko na kwana ɗaya? Dungu ba nisa."
Na ce ranka ya daɗe, mutane na zuwa ta'aziyya daga Yauri, daga Icirnawa, wasu a ƙasa. Su zo su tarar mijin ya tafi gadin gini? Shekara arba'in da shida tana jirana in dawo gida. Kwana arba'in kawai na zauna mata.
Ya daɗe yana rubutu.

Talata, 26 Nuwamba
An yanke. Banki ke da gaskiya. Wata uku in fita.
Yasin na son ɗaukaka ƙara. Na ce zan yi tunani. Allah ya gani, zuciyata ta karye. Na shiga ɗakinta na ce mata na kasa riƙe mana gidan. Tsoho da magana da bango.

Lahadi, 8 Disamba
Ƙanenta, wanda ake kira Shekara, ya zo daga Dungu. Ya ce, "Yaya, ɗakin da ka yi jinyarta yana nan, ba mu sa kowa ba." Na yi masa faɗa, na ce ni ba ɗan gudun hijira ba ne, ƙara zan ɗaukaka. Ya ce to.
Da zai tafi na ga kekensa na shanu ba kaya, asara ce ya koma haka. Na tono lemun da saiwarsa, na naɗe a buhu. Na ce ya dasa bayan ɗakin, ta wajen da ake hango maƙabarta. Kada kowa ya ba shi ruwa da yawa, ba ya so. Ni na san adadinsa.
Ban kira Yasin ba.