Wani Bahago Yana Shiga Gidana da Rana

Anti Dufie, don Allah ki taimake ni kafin ranar Lahadi. Na riga na yanke cewa da an tashi daga coci zan hau mota zuwa Mampong, in zauna gaban kawun matata, in faɗi maganar da in ta fita ba ta komawa. Kwana goma sha ɗaya ke nan ina juya ta a raina, abinci ma ba ya yi mini daɗi.

Ni mai awon filaye ne a nan Kumasi. Na faɗi haka ne don ki san ba mutum ba ne mai zato a banza, abin da na auna shi nake faɗa. Shekararmu huɗu da aure da Serwaa. Tana koyar da ƙananan yara, tana dawowa gida ƙarfe biyu, ni kuma sai shida.

Bara na sayi gilashin wasa, irin wanda ake ɗaurawa a fuska mutum ya tsinci kansa a wata duniya, da sanduna biyu da ake riƙewa a hannu. A cikin wasan ni mayaƙi ne, ina da ɗan gida a bakin tafki, da lambu da akuya, amma ban damu da su ba, yaƙi nake fita da abokaina. Wata uku na kwashe ina gyara saitin abin nan. Na daidaita tazarar madubansa da idanuna, milimita sittin da bakwai cif. Na ɗaga inuwa da ƙyallin ruwa zuwa ƙarshe, na yi ta ragewa da ƙarawa har hoton ya daina sarƙewa, ko da yake fankar kwamfutar da ke tafiyar da wasan tana gurnani kamar injin niƙa. Saboda wannan wahalar na kafa doka a gidan cewa ko ƙura kada a share masa.

Serwaa ba ta son abin, ko kuma haka take nunawa. Bokiti take kiransa. Da na gama cin fufu na miƙe sai ta ce, "Ka tafi ke nan? To, a gaishe su." In na cire bayan awa uku, sai in tarar ta gama komai ta juya wa bango fuska.

Wata ranar Talata na ɗaura, sai na ji idanuna suna ja. Na cire na duba, tazarar ta koma hamsin da tara. Na ce ko hannuna ne ya goga. Da na shiga sai na ga an kashe inuwa, an rage nisan gani, an kunna baƙin zoben nan da ke rufe gefen ido in ana tafiya don kada jiri ya ɗebi mutum. An kuma mayar da wasan na zaune, ba na tsaye ba. Abin da ya tsayar mini da numfashi shi ne takobina. Kullum a ƙugun hagu yake don in zare da dama. Ranar a ƙugun dama na same shi. An shiga saiti an gaya wa wasan cewa mai shi bahago ne.

Da farko ita na zarga, ba zan ɓoye miki ba, don fuskarta ƙarama ce. Amma hannun ya wanke ta. Da dama take ci, da dama take rubutu a allo, da dama take gaisawa. Shekara huɗu ban taɓa ganin ta miƙa wa mutum ko da cokali da hagu ba. Bahago ɗaya na sani wanda ya san abin nan, shi ne Antwi, mai gyaran kwamfuta, wanda ɗakinsa ke kallon namu a tsakar gida ɗaya. Shi ya haɗa mini na'urar. Gajere ne, fuskarsa kamar ta ɓera, kuma shagonsa ba ya da lokacin buɗewa balle na rufewa. Tun da can yana kiran Serwaa "matarmu" kamar yadda abokan miji ke yi, ina dariya. Yanzu in ya faɗa sai in ji kamar an watsa mini barkono.

Na mayar da komai, na ɗora siririn zare a kan akwatin gilashin. Washegari zaren yana ƙasa. Tun daga nan kusan kullum sai na sami alama. Wata rana an mayar da tazarar an manta da zoben, wata rana an mayar da zoben an manta da inuwa. Hannun ne aka fi mantawa. Madaurin kuma yana ƙamshin man kaɗen da take shafawa a gashi, wato ita ma yana ɗaura mata, suna yi bi da bi a falona, a kan kujerata.

Na gwada ta. Na ce kamar da wasa, wa ya shigo yau? Ta ce ba kowa, ba ta ko ɗago kai ba. Na ce an taɓa gilashina. Ta ce, "Bokitinka wa zai taɓa? Ba ka kafa doka ba?" Da ma can mace ce mai ɓoye-ɓoye, yanzu nake haɗa abubuwa. Ko rogo take ferewa a kicin, in na faɗo ba sallama sai ta yi firgigit ta sauya wuƙar zuwa ɗaya hannun, kamar wadda aka kama da kayan sata. Haka take yi in mahaifiyata ta zo. Mai gaskiya me zai firgita shi a kicin ɗinsa?

Abin da ya fi ƙona mini rai ma a cikin wasan yake. Mutumin nan ba ya fita yaƙi, na duba, ko sauro bai kashe ba. Gidana yake zama. Lambun da na bari ya bushe an ba shi ruwa har ya yi fure. Akuyar ta yi ƙiba. An jera mini kayan da na zubar a ƙasa cikin akwati. Shekaranjiya kuma na tarar da kujera ta biyu a ƙofar gidan, 'yar ƙarama, an ajiye ta dab da tawa, suna kallon tafki. Anti, ni ban taɓa sassaƙa kujera a wasan nan ba. Wato bai ishe shi ya shiga gidana na gaske ba, har a can ma sai ya kafa wurin zama.

Ina son matata, shi ya sa abin ke cina. Ban taɓa kama su ba, ban ga saƙo a wayarta ba, amma awo ba ya ƙarya. Shin in je wurin kawun nata, ko in dawo gida ƙarfe uku wata rana in gani da idona? Ko in tari Antwi? Ki gaya mini, don kaina ya kulle.

Mai Awo, unguwar Tafo, Kumasi

Ɗana Mai Awo,

Ka ajiye kuɗin motar Mampong tukuna. Maganar da za ka kai wa kawunta ba a kai ta da zare da milimita, kuma ka sani in ta shiga kunnen dangi, ko an wanke Serwaa daga baya, tabon ba ya fita.

Ba zan rantse maka a kan Antwi ba, ban san shi ba. Kuma kana da gaskiya a abu biyu: ana taɓa kayanka, ana kuma ɓoye maka. Wannan ba daidai ba ne, ko wane ne ke yi. Amma awonka na karanta, kuma ba Antwi ya nuna mini ba. Mutumin da ya haɗa na'urar da hannunsa ba zai riƙa manta da saiti ɗaya yau, wani gobe ba. Da shi ne, da ko alama ba za ka gani ba. Wanda ya saba da wasa ba ya buƙatar zoben jiri, ba ya zama a kujera don tsoron faɗuwa. Wanda ke ɗaura gilashinka ɗan koyo ne, mai ƙaramar fuska, mai man kaɗe a gashi, wanda ke cire shi a gurguje in ya ga shida ta kusa.

Saura hannun, wanda ka ce ya wanke ta. Ni Dufie da kake rubuto wa, bahaguwa aka haife ni. Kakata ta ɗaure mini hannun hagu da tsumma a bayana har na koyi ci da dama, malamin aji kuma ya ƙarasa sauran da rula. Yau da dama nake gaisawa, da dama nake rubuta maka wannan amsa. Amma in ina kicin ni kaɗai, wuƙa a hagu take, kuma har yanzu da furfurata, in na ji takun mutum sai in sauya hannu kafin in san na sauya. Mu da aka yi wa haka muna da yawa a ƙasar nan, kuma mun iya ɓoyewa har mazanmu ba sa sani. Ka ga matarka tana yin haka shekara huɗu, ka ɗauka rashin gaskiya ne. Ni abin da na gani tsoro ne da aka dasa mata tun tana ƙarama. A cikin gilashin nan babu kaka, babu suruka, babu mai kallo. Da wasan ya tambaye ta wane hannu ne nata, ina jin gaskiya ta faɗa masa.

Yanzu ka tambayi kanka me ya kai ta. Kullum kana tashi daga kan abinci ka tafi wani gari na awa uku, ka bar ta da kwanuka, ka kuma hana ta ko share ƙurar ƙofar garin. Ba mamaki ta so ganin inda mijinta ke gudu. Da ta je ba ta ɓata maka komai ba. Ta ba lambunka ruwa, ta ciyar da akuyarka, ta kwashe kayan da ka watsar, kamar yadda nake zaton tana yi a gidanku na Tafo. Laifinta shi ne da ka tambaya ta musa, kuma za ka iya gaya mata hakan ya yi maka ciwo. Amma kai ka kafa dokar da ta sa gaskiya ta yi mata wuyar faɗa.

Kada ka dawo ƙarfe uku ka laɓe, kada ka tari Antwi. Ranar Asabar bayan kun ci abinci, ka matso da maduban zuwa hamsin da tara da hannunka, ka kashe inuwar da kake ji da ita, ka kunna zoben, ka mayar da takobi ƙugun dama. Sannan ka miƙa mata ba tare da tambaya ko ɗaya ba. In na yi kuskure, za ka gani a yadda za ta riƙe sandunan, kuma Mampong tana nan ba ta gudu ba. In na yi daidai, ka ba ta haƙuri a kan dokar, ka rage awanninka, ka kuma gaya mata cewa a kicin ɗinta ta riƙe wuƙa da hannun da Allah ya ba ta. Sunan Antwi kada ya fito daga bakinka sai ran da za ku iya yin dariya a kai.

Kujerar nan ta biyu, ɗana, ka ce ƙarama ce, kuma dab da taka aka ajiye ta. Wanda ke son ƙwace maka gida a kan taka zai zauna. Wanda ya sassaƙa ƙarama ya matso da ita kusa, so yake ka dawo ka same shi.

Allah ya sanyaya zuciyarka, ya bar ku tare.

Anti Dufie