Kason Inna a Teburin Agashe

Umdurman, 9 ga watan Rajab.

Zuwa ga Yaya Zubairu a Jidda,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ka cikin ƙoshin lafiya, Ya sauƙaƙa maka wahalar aiki da kewar gida, amin. Mu nan lafiya lau, sai godiya. Ƙafar kakarmu Haboba Kande ta yi sauƙi, har tana dogarawa da sanda zuwa bakin ƙofa ta sha shayin la'asar. Saratu ta sauka lafiya, an samu mace, an raɗa mata Bakhita. Ni kuma saura wata biyu mu zauna jarrabawa. Takardarka ta iso ta hannun Alhaji Ibrahimu, haɗe da yadin da ka aiko mini. Na gode ƙwarai. Yana nan cikin ledarsa ban kai wa tela ba, za ka ji dalili.

Yaya, ka san ni ba mai magana ba ce. Ko baƙi aka yi, ɗaki nake shigewa da littattafan soyayyata, har kana tsokanata wai mutumin da ke bangon littafi zan aura. Da a gabanka nake da ko kai ba zan iya ɗagawa ba. Amma takarda ba ta kallon mutum, shi ya sa na samu ƙarfin hali.

Ka tuna yadda marigayi Baba yake rabo? Duk Juma'a bayan masallaci zai cire kuɗin nama da gawayi, sauran ya kasa huɗu a kan faifai: nasa, na Malam Labaran mai yanka da gashi, na Inna mai dakan yaji, sai na huɗu wanda yake kira kason tebur. Yakan ce shekara goma sha biyu ya yi yana tsinkar auduga a Jazira, a gonar wani, bai taɓa sanin nawa aka sayar da ita ba, don haka ya yi rantsuwa duk wanda hannunsa ya taɓa agashensa kaso zai ɗauka, ba lada ba. Da kason teburin nan aka gyara rumfa, da shi kuma aka kai ka jami'a a Khartum, domin tun ranar da mahaifinka ya rasu Inna ta ɗaura ka a baya babu wanda ya ce kai ɗan ƙanen Baba ne. Ɗan fari ake ce maka.

Kai ne ka koya mini abin da malaman tattalin arziki suke jayayya a kai. Ina da shekara goma sha biyu, muna ƙarƙashin dogon yaro, ka jera albasa uku ka ce ga ƙasa, ga jari, ga hannu, duk arzikin duniya su ukun nan ke rabawa. Ka ce wasu malamai sun ce kowanne abin da ya ƙara yake ɗauka, don haka babu zalunci. Wasu sun ce komai daga hannu ya fito, jari ma gumin jiya ne da aka tara. Wasu kuma sun ce a bar mai kuɗi ya yi ƙiba, maiƙonsa zai ɗiga a kan na ƙasa. A nan ka yi dariya har da riƙe ciki, ka ce duk ɗan mai agashe ya san inda maiƙo yake ɗiga, cikin wuta. Ranar ji na yi babu mai ilimi irinka daga nan har Masar. Na rubuta maganar a bayan littafina, tana nan.

Bara, bayan rasuwar Baba, da ka aiko kuɗi aka kama shago da firji kusa da kasuwar Suk al-Arabi a Khartum, Inna har guɗa ta yi. Sai ka rubuto mini ni kaɗai, ka ce abincin can ba ya shiga, kana kewar yajin gida, in zauna kusa da Inna in rubuta maka yadda take haɗawa, kada in gaya mata don kada ta damu. Yaya, kwana uku na yi a gindin turmi ina ƙirga cokali. Na rubuta da jan biro, na zana furanni a gefen takarda. Ji nake kamar yarinyar nan ta cikin labari da ke aika wa matafiyi ƙanshin gida.

Wata biyu ba a cika ba abokinka Zailani, wanda ka ɗora a kan shagon, ya zo gida. Ya sha shayi, ya tambayi lafiyar Haboba, sannan ya ce Inna ta huta haka nan, yanzu a inji ake niƙa yaji a buhu. Ya ce rabon Juma'a ya ƙare, Malam Labaran ya koma albashi, ita kuma za a riƙa kawo mata wani abu duk wata saboda girmanta. Da Inna ta tambaye shi wa ya koya wa inji yajinta, sai ya ciro takarda daga aljihu. Daga inda nake laɓe na hango furannin. Inna ba ta iya karatu ba, amma ta san zanen 'yarta. Ba ta dake ni ba, ba ta zage ni ba. Cewa kawai ta yi hannuna ya iya zane. Da duka ta yi mini da ya fi sauƙi.

Ban ce kuɗinka daga sama suka faɗo ba. Alhaji ya ce ku shida kuke kwana a ɗaki ɗaya, kuma na karanta inda ka ce mai jari shi ke ɗaukar asara idan kasuwa ta faɗi. Gaskiya ne. Ka ɗauki kasonka, ko biyu ne, wa zai hana ka? Amma mutanen da suke tsallaka gada zuwa Khartum suna tambayar agashen Baba Mainasara ba firji suke zuwa gani ba. Abin da ake kawo wa Inna yanzu kyauta ce, mai kyauta kuwa ranar da ya ga dama yake dainawa. Da kasonta take yin adashi, take saya mini littattafan makaranta ba tare da ta roƙi kowa ba. Jiya na ga ta kife turmin ta ɗora masa tulu.

Yanzu ka rubuto cewa masu saye suna ƙorafi ɗanɗano ya canza, in sake dubawa ko akwai abin da na manta. Akwai. Ban manta ba, ban gani ba ne, don tun kafin a zo turmi ake yinsa. Makon jiya Inna ta kira ni ta nuna mini da hannunta, ba ta kuma ce in rufe baki ba. Wannan amanar ta fi mini nauyi a kan rantsuwa. Ba zan rubuta ba, Yaya. An ce ba a saran mumini sau biyu a rami ɗaya. Idan kana so, ka rubuto wa Inna da kanka, ni zan karanta mata ba tare da na rage ko harafi ba, ka mayar da faifan Juma'a, da kasonta da na Malam Labaran. Yadin kuma zan ba Alhaji ya mayar maka da shi. Ka yi haƙuri, duk sanda na taɓa shi sai in ji kamar ladan takardar nan ne.

Haboba tana gaishe ka, ta ce ka roƙa mata gafara a Harami. Saratu da mijinta da Gwaggo Mero suna gaisuwa. Ka gaishe mana da Kawu Habibu da iyalinsa. Inna ma tana gaishe ka. Da ta ji Alhaji zai koma sai ta sauke tulun, ta daka maka yaji gwangwani guda da hannunta. Na ce mata ai kai wa Zailani za a yi a gwada. Ta ce ita dai an gaya mata ɗanta ba ya iya cin abinci.

Allah Ya sada mu da alheri.

Ƙanwarka,
Ni'mat Mainasara