Hannunka da Muryar Wani

Baba,

Assalamu alaikum. Na san babu mai kai maka takardar nan, ba kuma za ka karanta ba, amma na kasa zama. Tun safe nake shiga ina fita a shagona na Funtuwa kamar kazar da ƙwai ya matsa wa.

Gida lafiya. Masarar bana ta yi kyau, Yaya Sani ya riga ya girbe. Inna ce dai. Wata biyar ke nan da rasuwarka, kuma duk zuwan da zan yi gida Mahuta maganarta ɗaya: in kawo mata hirar da aka ɗauka da kai, ta ji muryarka. Kullum sai in ce kwamfuta tana wurin gyara. Ƙarya nake yi, Baba.

Ka tuna fim ɗin manoman auduga? Aka zaunar da kai a gindin ɗorawa, ka yi magana kusan awa guda. Ni ne edita, ni ke yankawa in haɗa. Darakta ya ce rabin awa yake so gaba ɗaya. Kai kuwa ka san halinka: a tambaye ka batun iri, sai ka faro daga zamanin da jirgin ƙasa ke kwasar auduga, ka yi shiru, ka yi tari, sannan ka dawo. Na rage, na sake ragewa, ƙarshe na cire ka ɗungurungum. Daƙiƙa tara na bari, hannuwanka suna cirar auduga, na ɗora muryar wani manomin, Alhaji Bala, a kai don shi maganarsa tar take fita.

Ranar da aka haska fim ɗin a filin firamare ka sa babbar rigarka, ka gayyato mutanen unguwa. Har aka tashi ba a ga fuskarka ba. Ka ce aiki ya yi kyau, Allah ya yi mini albarka. Me ya hana ka yi mini faɗa? Wallahi da ka zage ni da na huta.

Ga wadda ta fi muni. Daga baya aikin wani biki ya shigo, kwamfuta ta cika, na goge hirar taka. Na ce ai Baba yana nan, a sake ɗauka wata rana. Wa ya ba ni wannan tabbacin? Na nemi darakta, na nemi mai kyamara, babu wanda ya ajiye.

Jiya ƙanwata Hauwa take gaya mini, Inna kan sa ta buɗe fim ɗin a waya, a kai mata daidai wurin hannuwan, a yi ta maimaitawa. Tabon lauje na babban yatsanka ta gane. Amma sai ta sa an kashe sautin, wai wannan ba muryar Malam ba ce.

Gobe zan shiga mota in je in faɗa mata gaskiya, cewa iyakar abin da ya rage mata ke nan, kuma ni na jawo. Ban san ta inda zan fara ba.

Ka yafe mini, Baba. Allah ya haskaka kabarinka.

Ɗanka da ya kasa jira ka gama magana,
Kabiru