Galma Bakwai daga Zuru

Abuja, 3 ga Maris

Baba,

Gaisuwa cikin sunan Ubangiji. Ina fata ƙafar ta yi sauƙi, kuma Inna Hannah tana lafiya. Tunda kunnenka ya hana mu waya, ga takarda ta hannun Prosper direba.

Albishirinka! An ba ni babban ɗaki ni kaɗai a gidan baje kolin fasaha, ranar 28 ga wata. Shekara goma sha ɗaya ina jiran wannan. Ka tuna takalman soja da na cika da dawa, ka ce ɓarnar hatsi ce? To, bana golmo zan nuna. Mutanen nan sun ƙi yarda da na ce a wajenmu saurayi kan yi shekara bakwai yana noma gonar surukai kafin a ba shi mata. Don Allah ka karɓo mini galma bakwai daga waɗanda suka yi golmo, taka a gaba. Zan rataye su bisa jar ƙasa, muryoyin matanku da na ɗauka bara suna fitowa daga bango.

Ɗiyarka,
Magdalene

Zuru, 12 ga Maris

Ɗiyata Magdalene,

Gaisuwa mai yawa. Na karanta takardarki a ƙofar coci, da ƙarfi, sau biyu. Har yau ban gane irin aikinki ba: ke ba mai zane ba, ba mai sassaƙa ba, ba 'yar rediyo ba, amma kina taɓa duka. Sai dai duk wanda aka ba ɗaki shi kaɗai a Abuja ba ƙaramin mutum ba ne.

Ga galma bakwai. Har Danko na je a kan babur na karɓo ta abokina Abel. Da na jera su a tsakar gida sai kunya ta kama ni. Tsatsa, baki ya dakushe, ƙotoci sun cinye kamar ƙashin da kare ya bari. Haka za a kai Zuru gaban manya? Ina! Shekara ashirin da biyu na yi a soja, ban taɓa fita fareti da datti ba. Na kai su maƙera, an wasa, an sa sababbin ƙotoci, ni da kaina na shafe su da mai. Ba sai kin gode ba.

Ubanki,
Saja Japhet mai ritaya

Abuja, 15 ga Maris

Baba,

Ina gaisuwa. Na kwance buhun, na zauna a ƙasa na yi kuka. Waɗannan ai a kasuwar Zuru ma zan same su! Abin da nake so shi ne kwarmin da yatsunka suka yi a jikin ice, da baƙin gumin shekara bakwai. Shi ne aikin gaba ɗaya, Baba. Ba na ƙera sabon abu, abin da mutane suka rayu da shi nake ɗagawa a gani. Laifina ne da ban faɗa ba, amma raina ya ɓaci ƙwarai. Saura kwana goma sha uku, kuma idan ɗakin nan ya tashi fanko ba za a sake kira na ba. Ka aiko tsofaffin ƙotocin da gaggawa.

Magdalene

Zuru, 21 ga Maris

Ɗiyata,

Ina gaishe ki, in za ki amsa. Na koma maƙera. Ƙotocin sun shiga wuta tun ranar, ko guntu babu. Kwana biyu ban ci tuwon kirki ba, Hannah shaida ce.

Ranar Lahadi na tara masu galman, su Abel da Justice, na ce musu na ɓata wa ɗiyata aiki. Ba a taɓa jin na faɗi haka ba, har Justice ya ce in maimaita. Sai Abel ya buɗe tafin hannunsa ya ce, "Icen ne ya cinye mu ko mu muka cinye shi? Ga shaidar nan, ba ta ƙone ba." Muka duba namu. Kanta ce kamar ƙasan takalmi, yatsun Justice biyu ba sa miƙewa tun shekararsa ta biyar a golmo.

Ban san ko ana rataye mutane a wurinku ba. Amma mu bakwai mun shirya, Prosper ya ce zai kawo mu ranar Alhamis. Duk mai shakka ya zo ya taɓa ya ji. In ba ki so, ki faɗa, ba zan yi fushi ba.

Ubanki,
Japhet

Abuja, 24 ga Maris

Babana,

Ina amsawa, da girmamawa. Ku zo. Na sa kujera bakwai, kowa a ƙarƙashin galmarsa, kuma kowa zai ji muryar matarsa a bayansa. Yau aka buga allon ƙofa. Sunayen masu aikin takwas ne, naka ne a sama.

Allah ya kawo ku lafiya.

Ɗiyar Saja Japhet,
Magdalene