A Saki Mijina Ya Yi Shuka

Zuwa ga Maulana, alƙalin da ya sassauta wa manoma masu bashin bankin haɗin gwiwa, a Gadarif.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fatan Maulana yana lafiya, shi da iyalinsa.

Sunana Hauwa'u, matar Adamu, manomi a wani ƙauye kusa da Ƙala'at an-Nahal. Na rubuto a fili ne saboda sau uku ina zuwa ƙofar kotu, sau uku ana ce mini in ɗauko lauya, ni kuwa ba ni da abin ɗaukarsa.

Ranar da aka ji hukuncinka, cewa banki ya dakata da ƙwace gonaki da gidaje har a yi girbi, mata sun yi guɗa a unguwarmu. Ni ma na yi. Na wanke jallabiyar Adamu, na share ɗakinsa, na zauna jiran ƙarar mota. Da kwana huɗu suka wuce shiru, sai na je banki. Ma'aikacin ya duba takarda, ya ce, "Ya Hajja, ai hukuncin na masu jinginar gona ne. Mijinki shek ya sa wa hannu, wato cekin banki. Shi yana tsare sai ya biya."

Ina roƙon Maulana ya saurari yadda muka kai nan.

Na farko. Damina biyu da suka wuce Adamu ya karɓi kuɗin noma a kan zai biya da ridi buhu arba'in. Gonarmu ba ta da takarda. Kakansa ne ya sare dajin, lokacin da ya bar kiwo ya zauna. Da babu abin jingina, sai aka miƙo masa shek aka nuna masa inda zai sa hannu, a kan in ya kasa biya a tsare shi. Masu manyan gonaki a Gedambaliya suna da takardu, sun yi jingina, yau suna gidajensu. Wanda ya fi kowa rashi shi ne sassaucin ya tsallake.

Na biyu. Ba mu ci kuɗin ba. Ridin ya yi kyau, duk wanda ya bi ta hanyar ya gani. Amma 'yan ƙwadagon yanka da muka saba samu ta kan iyakar Gallabat ba su zo ba a shekarar, ridi kuwa in ya nuna ba ya jira. Ni da Adamu muka shiga da lauje, kwana tara, muna yanka yana fashewa a gabanmu yana zuba ƙasa. Buhu goma sha ɗaya muka tsira da shi. Duka muka kai banki, ko na miya ban rage ba. Rasidin yana hannuna.

Na uku. Adamu bai gudu ba, alhali iyaka tana kusa, wasu kuma sun tsallaka. Da ƙafarsa ya je ya amsa kira. Yau watansa bakwai a tsare, mutum mai ciwon suga, wanda ya haura sittin. Na sayar da awakina da gadon aurena na kai, aka karɓa, aka ce da saura.

Na huɗu ba maganar shari'a ba ce, amma ba ni da wanda zan faɗa wa. Ɗanmu ɗaya ne, yana Khartum yaƙi ya ɓarke, har yau ba mu ji ɗuriyarsa ba. Mutanen ƙungiyarmu ta manoma, waɗanda a ƙofar gidanmu suke shan shayi kowace la'asar, sun ɗauke ƙafa. Ba na zarginsu, kowa yana tsoron in roƙe shi ya tsaya wa Adamu. Sai in yi kwana uku ban yi magana da kowa ba in ban da gaisuwar bakin rijiya. Iska ta kayar da dangarmu ta gabas tun wancan watan. Ɗaga ta aikin mutum biyu ne, tana nan kwance.

Abin da nake roƙo, Maulana, shi ne sassaucin ya haɗa da waɗanda aka tsare a kan shek na bashin noma. A lissafa abin da muka riga muka biya, a raba mana sauran a kan girbi biyu. Kafin nan, a bar likita ya duba shi. Ba yafiya muke nema ba. Bashi ne, mun amsa, amma daga gona za a biya shi, kuma lokacin shuka kwanaki ne.

Ranar Juma'ar da ta wuce na kai masa abinci. Bai tambayi gida ba, bai yi zancen ciwonsa ba. Ya kama ƙarfen taga ya ce, "Hauwa, an yi ruwa a wajenmu?" Na ce ba a yi ba tukuna. Maulana, an yi har sau biyu, maƙwabta sun fara shuka. Shekara talatin da aurenmu, ban taɓa yi masa ƙarya ba sai ranar. Zai sake tambayata, ban san abin da zan ce masa ba.

Allah ya ƙara wa Maulana lafiya da basira, ya sa hukuncinka ya zame maka haske ranar hisabi, ya raba ka da zaman gida ba kowa.

Wassalam.

Hauwa'u, matar Adamu.