Malamin da Ba Ya Rabuwa da Mura

Zuwa ga Kawu Sambo,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da ladabi, ina fatan makwancinka na da haske da yalwa. Na san takardar nan ba za ta kai inda kake ba, masu leƙe ta bayan kafaɗata ne za su karanta ta. To su leƙa. Godiya ce ta cika mini ciki, ban ga dalilin ɓoye ta ba.

Ka tuna ranakun kasuwar Malanville? Kana tahowa daga rugarku ta bayan Guéné, in ka gama ciniki sai ka biyo gidanmu bayan la'asar. Inna, ƙanwarka, ta riga ta kafa maka doka: ban da Fillanci da 'ya'yanta. Ta sha dariyar dangin Baba a farkon aurenta, ta rantse da Hausa da Dendi za mu tashi, sai Faransancin lakwal, wato makarantar boko. Ka ce ka ji. Ba ka taɓa musu da ita ba, sai dai ka shimfiɗa buzunka gindin dogon yaro ka hau ba mu labarin Alfa Buba.

Ka ce Alfa yana wani gari a ƙarƙashin kogi, daidai ƙasan gadar Gaya, inda 'yan duwan, masu tare kayan sumoga, ba su da ta cewa. A can harsuna dabbobi ne, kiwon su ake yi. Alfa ya ƙare rayuwarsa yana bin su da sanda, yana duba haƙoransu, yana tatsar su don kada su ƙafe. Akwai harshen dorina mai ƙiba da lalaci, akwai na jemagu wanda ba ya fita sai mutum ya rataye kai ƙasa. Harshen iska kuwa ya taɓa ja da shi har ya karye a ƙafa. Ya yi aure, matar ta gaji da mijin da ke tsayawa gaida kwaɗi, ta kwashe kayanta. A gabanmu ya yi furfura.

Amma malamin nan, duk iliminsa, kullum cikin mura yake. Da ya isa ƙofar wani gari masu gadi suka tare shi, sai murya ta dushe. Sai ka juyo gare mu: "Alfa ya shaƙe, wa za ya yi mishi magana?" Kai za ka faɗi kalmomin masu gadin, mu maimaita, in ba su fita daidai ba ƙofa ba ta buɗewa. Ranar da na yi ƙorafin murar ta yi yawa, cewa ka yi: "Mutum na kwana cikin ruwa, mi za ya hana mishi mura?"

Yayyena maza sun gaji, ƙwallo ta ɗauke su. Ni na kasa tashi, don tausayin tsoho a bar shi waje. Haka na roƙar masa ruwa da nono, na ce yana jin sanyi, na ce ƙafarsa na ciwo, na ce a nuna masa makewayi. Sai da na yi wayo na ji masu tallan nono suna hira da harshen masu gadin nan, na tsaya tsakiyar kasuwa ina dariya ni kaɗai. Kawu, ashe kai ma ɗan sumoga ne, ta ƙarƙashin ruwa ka bi da kayanka.

Yanzu ga abin da ba ka sani ba. A daminar da ta wuce hawan jini ya kayar da Inna, ɓarin jikinta ya shanye. Da ta farfaɗo, Hausa ta tafi, Dendi ta tafi, ba abin da ya rage a bakinta sai Fillancin da ta hana mu.

Muka kira wata maƙwabciya Bafillata ta yi mana tafinta. Ka san ƙanwarka da kunya. Ba za ta ce wa baƙuwa tana jin yunwa ba, balle abin da ya fi yunwa nauyin faɗa. Duk tambayar da aka yi mata, amsa ɗaya ce: lafiya lau. Alhali tana ramewa a idonmu, kunu ya huce a kwano, ta juya wa bango fuska. Na ji tsoro sosai, Kawu. Na ga za ta mutu da yunwa a tsakiyar 'ya'yanta.

Wata safiya na sallami kowa, na zauna bakin gadonta, na gaishe ta yadda ake gaida masu gadi. Ta daɗe tana kallona, sannan ta gyara mini kalma ɗaya cikin faɗa, ta ce ƙugunta na ciwo, a juya ta, kuma ita nono take so, ba kunun nan ba. Ranar ta shanye ƙwarya guda. Yanzu har ta fara zama da kanta, kuma kullum sai ta ce Fillancina irin na 'yan yaye ne. Ban taɓa jin daɗin zagi haka ba.

Abu ɗaya ka bar ni da shi. Ciwon ya share mata rasuwarka, tana ta tambaya ina kake. Na laluba duk abin da ka ba ni, ban sami yadda ake cewa mutum ya rasu ba, don a garin Alfa ba wanda ya taɓa mutuwa. Da zan tambayi masu nono, da sun gaya mini. Ban tambaya ba. Nakan ce mata ka kai shanu kogi, ita kuma ta ce a rage maka nono, a rufe da faifai. Ina ragewa.

Allah Ya gafarta maka, Kawuna. Yadda ka buɗe mini ƙofar uwata, Allah Ya buɗe maka ƙofofin Aljanna ba tare da tambaya ba. Ya ba Inna lafiya, Ya haɗa ku inda ba a rabuwa. Amin.

Ɗiyarka mai godiya,
Hajo